Mary-Ann, Mary-Jane ko Lily-Rose: wanne za a raɗa wa jaririya mai gida biyu?

Ƙanwata da ke aure a Ingila ta kira ni da daddare, cikinta ya shiga wata takwas, an kuma riga an gaya musu mace ce. "Yaya," ta ce, "mun tsaya a kan suna uku, mun kasa fitar da gwani. Don Allah ki duba mana." Sai ta turo su: Mary-Ann, Mary-Jane, Lily-Rose. Mijinta Bature ne, danginsa suna son irin sunan nan mai ƙafa biyu da ake haɗewa da karan ɗori. Ita kuwa damuwarta ɗaya ce, ranar da ta kawo yarinya gida Zariya, Inna ta iya kiran jikarta ba tare da harshenta ya harɗe ba. Danginmu akwai Kirista akwai Musulmi, kuma duka za su ɗauki yarinyar nan su goya. Na yi kwanaki ina juya sunayen, kuma abin da na gaya mata shi ne zan shimfiɗa a nan, domin na san ba ita kaɗai ke cikin wannan shawara ba.

Da farko a gane aikin ɗan layin nan da ke tsakiya. Bature yakan yi wa ɗansa suna na fari da na tsakiya, na tsakiyar yana kwance a takarda, ba mai kiransa. Idan aka sa karan ɗori, magana ta canza: iyaye suna cewa ne waɗannan biyun suna ɗaya ne, a kira su tare. Faransawa ne suka fi shahara da wannan, kuma duk wanda ya yi hulɗa da takardun Yamai ko Garwa ya saba ganin Marie-Claire da Jean-Pierre. A Ingila kuwa Mary Ann da Mary Jane sun cika littattafan baftisma na ƙarni na 19, galibi ba tare da layin ba. A kudancin Amurka har gobe ana jin su Mary Beth da Betty Lou. Sabon yayi shi ne wanda ya taso a Ingila wajen shekarun 2000, na gajerun sunaye masu laushi da ake rufewa da Mae ko Rose ko Grace, irin su Lily-Mae da Amelia-Rose. Wato cikin ukun da ƙanwata ta turo, biyu tsofaffi ne, ɗaya ɗan yayi.

Mu ma ba baƙi ba ne a harkar suna mai ƙafa biyu. Muna da Nana A'isha, muna da Fatima Zahra, muna da Hauwa Kulu. Bambancin kawai, namu yawanci al'ada ce ta riga ta haɗa su, duk Hauwa Kulu ce tun kafin ta buɗe ido, duk A'isha Indo ce. Na Turawa iyaye ne ke zaɓar kowane ɓangare da kansu, shi ya sa nauyin zaɓin ya ninka.

Sunaye biyu daga cikin ukun da Mary suka fara, don haka sai an tsaya a kansa. Mary ba wani ba ne illa Maryamu. Asalinsa Miryam ne a Ibrananci, sunan 'yar'uwar Musa da Haruna, ya bi ta Girkanci da Latin ya zama Maria, Faransawa suka mai da shi Marie, Ingilishi ya karɓa daga wurinsu. Ma'anarsa masana ba su haɗu a kan ɗaya ba. Wasu sun danganta shi da ɗaci, wasu da bijirewa, wasu kuma suna ganin daga tsohon harshen Masar ya fito, daga kalmar da ke nufin abin ƙauna, ganin cewa a Masar aka haifi Miryam ɗin farko. Akwai ma fassarar da ta samo asali daga Jerome, malamin da ya fassara Littafi Mai Tsarki zuwa Latin kuma ya rasu a shekarar 420. An ce ya fassara sunan da "ɗigon teku", masu kwafa suka sauya harafi ɗaya ya koma "tauraruwar teku", kuma wannan kirari ya zauna wa Maryamu a wurin Katolika har yau. Amma gaskiya ba don ma'anar kalmar ake sa sunan ba, don mai sunan ake sawa. Ita ce uwar Yesu a wurin Kirista, ita ce kuma mace ɗaya tilo da Alƙur'ani ya ambata da sunanta, har sura ta 19 ke ɗauke da shi. Sunayen da coci da masallaci suka taru suke girmamawa haka ba su da yawa. Farin jininsa a Turai da Amurka kuwa ya wuce misali. A ƙididdigar hukumar gwamnatin Amurka da ke tattara sunayen jarirai, Mary ne sunan mata na ɗaya tun daga 1880 har 1946, Linda ta karɓe na shekara shida, Mary ya sake dawowa daga 1953 zuwa 1961.

To, me ake ɗora masa?

Ann shi ne Hannatu. Hannah ne a Ibrananci, ma'anarsa alheri ko tagomashi, kuma sunan matar nan ce da ta daɗe ba ta haihu ba, ta yi ta roƙo har aka ba ta Sama'ila, wato Samuel na Littafi Mai Tsarki. Abin da ya sa Mary-Ann ya shiga raina shi ne wannan: a al'adar coci tun ƙarni na 2, sunan mahaifiyar Maryamu Anna, kuma malaman tafsiri da dama sun ce matar Imrana, wadda ta yi bakancen abin da ke cikinta, Hannatu ne sunanta. Ashe duk wadda aka raɗa wa Mary-Ann tana ɗauke da sunan 'ya da na uwa a jere. Haɗin ba na daɗin kunne kaɗai ba ne, akwai zumunci a cikinsa. Kuma kowane rabi yana da tagwayensa a bakin Bahaushe. Idan yarinya ta zo gida, goggonta Musulma za ta ce Maryam, kakarta ta ce Mairo, wani kawu ya ce Hannatu, kuma babu wanda ya ƙirƙiro mata sabon suna, nata ne kowa ya kira da harshensa.

Yana da nasa raunin, ba zan ɓoye ba. A kunnen Baturen yau Mary-Ann sunan kakanni ne. Wuya a shiga ajin yara a Landan a ji malama ta kira shi. Wasu iyaye wannan ke kore su, ni kuwa ban ɗauke shi aibu ba, domin su Florence da Elsie da Ivy, waɗanda a da ake wa kallon sunayen tsofaffi, yanzu sun dawo sun cika makarantun renon yara. Raunin da ya fi damuna shi ne yawan hanyoyin rubuta shi: Mary-Ann, Mary-Anne, Maryann, Marian, Marianne. Na ƙarshen ma yana da wani tarihi na daban, domin Marianne ita ce macen da Faransa ta mai da alamar jamhuriyarta tun zamanin juyin juya hali, hotonta na jikin kan sarkin wasiƙa, gunkinta na ofisoshin magadan gari. Mai wannan suna za ta yi ta faɗin haruffanta ɗaya bayan ɗaya duk inda ta je cike takarda. Wanda ke zaune a Nijar ko Kamaru, ko yake da dangi can, zai iya juya shi ya zama Anne-Marie, ma'ana ɗaya ce, kuma ya fi zama daidai a bakin masu Faransanci. Sunan tsohuwar sarauniyar Girka ke nan, 'yar sarkin Denmak da aka haifa a 1946.

Mary-Jane ya fi daɗin faɗi, wannan kowa zai yarda. Yana da ƙarfi a ƙarshe, ba ya zamewa kamar Ann. Jane kuwa shi ne na mace daga John, wato Yohanna ko Yahaya, daga Yohanan na Ibrananci, ma'anarsa Ubangiji ya yi alheri. Ya shigo Ingilishi ta tsohon Faransanci, ya kuma samu shiga a gidajen manya a ƙarni na 16, lokacin Jane Seymour, matar Sarki Henry na Takwas ta uku, wadda ta rasu a 1537 kwanaki kaɗan bayan ta haifa masa magaji, da kuma Jane Grey da ta yi kwana tara kacal a kan sarauta a 1553. Duba da kyau za a ga Ann da Jane ma'anarsu kusan ɗaya ce, duka alheri ne, domin daga saiwar kalma ɗaya suka tsiro a Ibrananci. Don haka ta fuskar ma'ana ba a yi asarar komai ba idan an ɗauki wannan an bar wancan.

Sunan yana da takwara ta alfahari, musamman ga yarinya baƙar fata ko ruwa biyu da za ta tashi a Ingila. Mary Seacole, wadda sunanta na haihuwa Mary Jane Grant, an haife ta a Kingston ta Jamaika a 1805, uwarta 'yar Jamaika mai maganin gargajiya, ubanta sojan Sukotland. Ta kai kanta fagen Yaƙin Kirimiya da kuɗinta ta yi jinyar sojoji, kuma a 2016 aka kafa mutum-mutuminta a harabar asibitin St Thomas da ke Landan. Yara a makarantun firamare na Ingila suna karanta labarinta. Akwai kuma wani takalmin 'yan mata mai igiya ɗaya a kan ƙafa, irin wanda ake sa wa yara ranar Lahadi ko ranar makaranta, shi ma Mary Jane ake ce masa tun farkon ƙarni na 20. Wannan ba ya cutar da kowa.

Abin da ke cutarwa ɗaya ne, kuma shi na fara gaya wa ƙanwata. A Turancin kan titi, na Amurka da na Ingila duka, Mary Jane laƙabin tabar wiwi ne. Dalili kuwa kalmar marijuana tana kama da sunan Sifaniyanci Maria Juana, wanda idan aka juya shi Turanci shi ne Mary Jane. Ba sirri ba ne, yana cikin waƙoƙi, matasa duk sun sani. Yarinya ba za ta ji komai ba tana firamare, amma ranar da ta shiga sakandare wani zai faɗa, 'yan aji su kwashe da dariya. Akwai masu cewa abin wasa ne, zai wuce, kuma dubban mata suna ɗauke da sunan lafiya lau. A kudu maso gabashin Najeriya ma Maryjane da Maryann sunaye ne na yau da kullum a gidajen Katolika, a haɗe ake rubuta su, ba wanda ke ɗaga gira. Duk na yarda. Sai dai mu mutane ne da muka ɗauki suna a matsayin addu'a, muna kuma gudun abin da zai zame wa yaro abin zolaya. Mijin ƙanwata da na tambaye shi, ya ce ya sani, bai dai zaci zai dame mu ba. Ita ce ba ta sani ba, kuma da ta ji ta yi shiru na ɗan lokaci. Ban da wannan, Jane ba shi da tagwaye na mace a Hausa da kowa ya sani. Rabin farko zai iso gida, rabi na biyu zai tsaya a filin jirgi.

Lily-Rose daga wata duniya ya fito. Babu annabi, babu waliyyiya a gabansa, furanni biyu ne. Lily farin fure ne mai kama da ƙaho, kada a rikita shi da badon da muka sani a tafki, wannan wata shuka ce daban ko da yake Turawa suna aron sunan su kira shi da shi. A zanen coci na Turai shi ne alamar tsarki, shi ake zana Mala'ika Jibrilu riƙe da shi sa'ad da ya kawo wa Maryamu albishir. Rose kuwa wardi ne, wanda muka fi sani ta ruwansa da turarensa, kuma shi ne furen ƙasar Ingila tun bayan da Henry na Bakwai ya hau mulki a 1485 ya haɗe jan wardin gidan Lancaster da farin wardin gidan York. Sunan Rose na mutane ya girmi yayin furanni, domin Normawa, mutanen arewacin Faransa da suka ci Ingila da yaƙi, sun shigo da wani suna na asalin Jamusanci mai kama da shi, mai nufin shahara, daga baya jama'a suka haɗe shi da furen. Sanya wa 'yan mata sunan fure gadan-gadan a ƙarshen ƙarni na 19 ya kankama, lokacin su Daisy da Violet. Haɗin Lily-Rose ɗin kansa sabo ne, kuma ya ƙara fitowa bayan 1999, shekarar da ɗan wasan fim Johnny Depp ya sa wa 'yarsa shi.

Na fahimci abin da ke jan mutane. Yana da taushi, yana da hoto a cikinsa, kana faɗa kana ganin lambu. Ba ya nuna addinin kowa, wanda ga wasu ma'aurata masu addini biyu babban sauƙi ne. Ma'anarsa ba ta da aibu ta kowace fuska, mu ma ai muna da Yasmin da Warda. Kuma idan yarinya ta girma ta ga ya yi mata yarinta, tana iya ajiye rabi ta zama Lily ko Rose, kowanne cikakken suna ne mai mutunci.

Amma ɗan yayi da yayinsa yake tsufa. Kamar yadda jin wasu sunaye a gida ke gaya maka shekarun da aka haifi mai su, haka Lily-Rose zai riƙa faɗin shekarunta. A ajinta za a samu Lily biyu ko uku, da wasu masu Rose a wutsiya. Akwai kuma maganar da ba a son faɗa a fili: a Ingila wasu suna yi wa irin waɗannan sunaye masu karan ɗori na zamani kallon raini, suna danganta su da talakawa. Rashin adalci ne, kuma ba dalili ba ne na guje wa sunan da mutum ke so, amma gara uwa baƙuwa a ƙasar ta san da shi kafin ta sa hannu a rajista. Sannan ga bakin gida. Kalmomin Hausa kusan duka da wasali suke ƙarewa, don haka Rose zai koma Rozi, Lily zai zama Lili, kuma ba ɗayansu da ke tuna wa tsohuwa wani da ta sani.

Kowanne aka zaɓa, akwai wahalar da layin kansa ke jawowa, kuma na gan ta da idona. 'Yar wata maƙwabciyarmu suna biyu gare ta. A takardar haihuwa an rubuta su da karan ɗori, a ta makaranta an raba su, a banki an manne su wuri guda. Da ta zo neman gurbin karatu aka ce mata takardunta ba na mutum ɗaya ba ne. Na raka su kotu yin takardar rantsuwa, uwar tana riƙe da leda cike da takardu, muka zauna a benci tun safe har azahar, daga nan sai buga sanarwa a jarida, duk a kan layin da bai kai tsawon ƙwayar shinkafa ba. Yanzu da komai ke rataye da lambar NIN da ta BVN, harafi ɗaya na iya tsayar da mutum. A fasfo ma, layukan nan biyu na ƙasa da na'ura ke karantawa ba sa ɗaukar karan ɗori, ƙa'idar duniya ta sa ana maye gurbinsa da alamar <, kamar dai sunaye biyu ne a rabe. Tikitin jirgi sau da yawa a manne yake fito da su. Hukumar Amurka da na ambata ɗazu cire layin take yi gaba ɗaya a ƙididdigarta. Wannan bai hana tafiya, ma'aikatan filin jirgi sun saba, amma yana nufin iyaye su tsayar da rubutu ɗaya tun ranar farko su kuma tsare shi a kowace takarda, ta can da ta gida. A Ingila da Wales ana da kwana 42 a yi rajistar haihuwa, a Sukotland kwana 21, saboda haka akwai sararin a yi suna ranar bakwai kamar yadda muka saba, a ji yadda sunan ya zauna a bakin dangi, sannan a je ofis. A Ingila doka ta ba da damar sauya sunan fari cikin wata 12 da yin rajista, amma gara kada a kai ga haka.

Ga yadda na raba mata su. Idan yarinya can za ta tashi, can za ta zauna, zuwa gida sai jefi-jefi, kuma iyaye ba sa son sunan da ya karkata ga addini, Lily-Rose ya isa, a dai shirya wa jin ana kiranta Lily kawai kafin ta gama firamare. Idan akwai wata Jane a dangi da ake son a yi wa takwara, ban ga laifin sa shi ba, sai dai na fi son a cire layin, a bar Mary a gaba Jane a tsakiya, ta yadda a makaranta Mary kaɗai za a kira. Idan kuwa ana son yarinya ta zama 'yar gida a wuri biyu, ta shiga coci ko gidan suna a Zariya a kira ta ba tare da an tambaya "me kika ce?" ba, to Mary-Ann ne. Shi na zaɓa, na kuma ce mata ta rubuta shi ba harafin "e" a ƙarshe, don ya fi gajarta, ya fi wuyar kuskure.

Kafin in mayar mata da amsa na je wurin Inna da yamma, na same ta a tabarma tana tsince wake a faifai. Na ce, "Inna, ga sunayen da ake shawara a kai," na faɗa mata su ɗaya bayan ɗaya. Na furanni ta maimaita sau biyu, ta ce yana da daɗi, ta tambayi ko sunan wace ce. Na ce ba na kowa ba ne, fure ne. Ta gyaɗa kai ta ci gaba da tsintar wakenta. Da na zo kan Mary-Ann na fassara mata, sai ta ɗago, ta ajiye faifan a cinya.

"Maryamu da Hannatu? Ai Hannatu sunan yayata ne, Allah ya ji ƙanta. Ki ce mata ta sa wannan. Ni dai ba zan iya kiran sunan Yaya ba, Mairo zan riƙa ce mata."